Malam Elisha da Alƙawarin Zaman Lafiya

Duk wanda ya daɗe yana noman shinkafa a fadamar Haɗeja ya san Malam Elisha. Mutumin wajejen Zonkwa ne, aikin malamin gona ne ya kawo shi tun ƙasar tana cikin Jihar Kano. Ya zo da niyyar ya yi 'yan shekaru a mayar da shi gida, sai aka ƙirƙiro Jigawa, abokan aikinsa da yawa suka tattara suka koma garuruwansu, shi kuwa ya yi zamansa. A nan ya kawo amaryarsa Jumai, a nan suka haifi 'ya'yansu, har babbarsu Grace ta zama ma'aikaciyar jinya a garin. Harshensa ya juye ya zama na Haɗejawa, in ya je ganin gida da Kirsimeti sai 'yan'uwa su yi ta kwaikwayon maganarsa suna dariya.

Gajere ne, mai tsafta, ko gona zai je sai an goge masa riga. Ba shi da dukiya, gidansa ma na bulon ƙasa ne da aka shafe da siminti, amma yana da suna, kuma yana ji da sunan nan fiye da komai. Dattijo ne a cocinsu. Da aka kafa kwamitin sulhu na unguwa, Musulmi da Kirista suka haɗu a kan a sa shi. In makwabta suka yi rigima a kan kwata, ko shanu suka shiga gonar wani, ko miji da mata suka kasa jituwa, shi ake kira. Yana da haƙurin sauraro, yana kuma da baki. Sai dai yana da wata magana da ba ya gajiya da faɗa, cewa shi tun da ya zo duniya bai taɓa shiga ofishin 'yan sanda ba sai don ya karɓo wani, kotu kuwa daga waje yake ganinta. Jumai ta ji maganar nan har ta haddace, in ya fara takan tashi ta shiga kicin.

Babban amininsa Ɗan'auta ne, wani masunci da ya girme shi da kaɗan. Sun haɗu ne tun Elisha yana sabon zuwa, ranar da ya tsaya a bakin kogi da babur ɗin aiki ya rasa yadda zai haye, Ɗan'auta ya ɗora shi a kwalekwale, shi da babur ɗin, ya kuma ƙi karɓar ko kwabo. Daga nan zumunci ya ƙullu. Naman layya ba ya wuce gidan Elisha, shinkafar Kirsimeti ba ta wuce gidan Ɗan'auta. Da Ɗan'auta ya yi taurin kai a kan sa ɗansa Rilwanu a makarantar boko, Elisha ne ya yi ta binsa har ya yarda, shi ya kuma goya yaron a babur ya kai shi aka rubuta sunansa. Daga baya ciyawar kacala ta cinye wuraren da Ɗan'auta yake su, kifi ya yi ƙaranci, sai ya jingine komarsa ta kamun kifi ya koma noma fadamar da ya gada. Da Elisha ya yi ritaya, Ɗan'auta ya yanka masa wani ɓangare na fadamar nan ya ce ya noma iya ransa. Tare suka ɗaga jingar tare ruwa ta gefen kogi, tare suke gyara ta duk shekara. Ɗan'auta yana ce masa Malam, shi kuma yana ce masa Auta.

Sai aka yi wata damina a 'yan shekarun nan da ruwa ya zo da ƙarfi. Kogi ya cika ya batse, ƙauyuka da yawa daga Miga har Kirikasamma suka kwana a kan titi, mutanen gari kuma suka fito ƙwansu da ƙwarƙwatarsu suna cika buhuna da ƙasa suna jerawa a kan jinga. A lokacin ana ta raɗe-raɗin cewa wasu suna yanke jingar wasu a ɓoye don ruwa ya sami hanya ya bar nasu. Shinkafar Elisha ta shekarar ta yi kyan da bai taɓa gani ba, ta yi ciki har ta fara fitar da kai. Wata safiya ya iso ya tarar jinga ta ɓalle daidai saitin gonarsa. Ruwa ya bi ta kanta ya wuce, ko kan ganye ba a gani. Ta Ɗan'auta kuwa, da take ɗan tudu, tana tsaye shar. Yana nan tsaye da shebur a hannu, sai wani daga cikin masu ɗaukar buhuna ya ce ai jiya da yamma an ga 'ya'yan Ɗan'auta a wurin da fartanya.

Elisha bai tsaya tambayar wanda ya gansu ba. Idonsa ya rufe. Ɗan'auta yana tahowa ya yi masa jaje, sai ya tare shi a gaban jama'a, ya ɗaga shebur sama, ya ce shi ya sa aka yanke masa jinga, kuma in ya sake ganin ƙafarsa ko ta 'ya'yansa a wurin zai sare shi ya cusa shi a ramin ya toshe ruwan da shi. Ya yi ta faɗa, shi kansa bai san iyakar abin da ya fita daga bakinsa ba. Ɗan'auta bai ja da baya ba, bai kuma ɗaga murya ba.

"Malam, ajiye shebur ɗin," abin da ya yi ta maimaitawa ke nan.

Rilwanu, wanda yanzu magidanci ne, ya yunƙuro, mutane suka riƙe shi. 'Yan sandan da aka ajiye suna lura da aikin jinga suka shiga tsakani. Kafin la'asar labari ya shiga gari ya canza kama, har ana cewa wani Kirista ya sari Musulmi a fadama. Samari suka fara taruwa a ƙofar gidan Ɗan'auta, wasu kuma a bakin coci. Ɗan'auta da kansa ya fito ya nuna musu jikinsa ya kore su. Duk da haka 'yan sanda suka ga abin zai iya girma, suka kai maganar wata kotun majistare, suna neman a ɗaure Elisha da alƙawarin zaman lafiya.

Elisha ya shiga kotun da shirin bayani. Ɗan sanda mai gabatar da ƙara ya karanta rahoto a gurguje, cewa ya yi barazanar kisa da shebur a bainar jama'a. Alƙalin matashi ne, ga tarin shari'u suna jiransa. Ya tambayi Elisha ko haka ne. Elisha ya gyara tsayuwa ya fara daga shekarar da aka ɗaga jingar. Bai yi nisa ba alƙali ya katse shi, ya ce ba tuhumarsa ake da laifi ba, ba kuma hukunci za a yi masa ba, rigakafi ne kawai. Zai sa hannu a kan cewa zai zauna lafiya har shekara guda, ya kawo mutum ɗaya da zai tsaya masa, in ya karya ya biya tara, in ya ƙi sa hannu a tsare shi har sai ya sa. Ba a kira shaida ko ɗaya ba. Alƙali ya tambaya ko akwai mai tsaya masa. Sai aka ji motsi daga bencin baya, Ɗan'auta ya miƙe da hularsa a hannu.

"Ranka ya daɗe, ni zan tsaya masa."

Alƙali ya yi ɗan murmushi ya ce wanda aka yi wa barazana ba ya tsaya wa wanda ya yi masa. Mutane suka yi ta gyaɗa kai suna cewa Allah ya yi wa tsohon nan albarka. Elisha ya ji kamar an tuɓe masa riga a tsakiyar kasuwa. A ransa ya ce wannan neman suna ne, mutum ya kashe maka gona sannan ya zo gaban alƙali yana nuna shi na kirki ne. A ƙarshe Samuel, wani mai sayar da kayan babur da suke coci ɗaya, shi ya tsaya masa. Elisha ya sa hannu, bai ko iya kallon magatakarda ba.

Ya yi kwanaki bai fita ba. In aka yi sallama sai ya ce wa Jumai ta ce yana barci. Ranar Lahadin da ya daure ya je coci, ba wanda ya ce masa komai, amma ya ga kamar gaisuwar kowa ta yi tsawo, kamar ana duba mara lafiya. Maimakon kujerar dattawa ta gaba sai ya zauna a baya kusa da ƙofa. Kwamitin sulhu ya yi zama a kan wata rigimar makiyaya, ba a aiko masa ba. Da ya ji, abinci ya gagare shi. Kunya ta hana shi sakat, kuma duk ya ɗora ta a kan takardar nan. Abin da yake ta juyawa a ransa shi ne, a ce shi, da furfurarsa, an rubuta sunansa cikin waɗanda sai an ɗaure su kafin su zauna lafiya, kuma ba a bar shi ya buɗe baki ba.

Jumai ta ba shi shawara ya je ya gaida Ɗan'auta a wuce wurin, shekara kamar gobe ce. Ta ce ita dai ta san abin da ta ci a gidan mutumin nan, kuma ba ta ga wanda ya ga an sa fartanya a jinga da idonsa ba. Grace ma ta zo ta ce masa yadda jininsa yake hawa ba ya buƙatar zaryar kotu. Ya ce musu su mata ne, ba su san abin da ake nufi da suna ba. Jumai ta dube shi ta ce, "To, Baban Grace, Allah ya ba da sa'a." Ba ta sake tayar da maganar ba.

Samuel ya haɗa shi da wata lauya, Barista Nuriyya, 'yar gari ce da ta yi karatu ta dawo ta buɗe ofis. Ta saurare shi har ya gama, tun daga shekarar da aka ɗaga jingar, abin da ya daɗe yana nema. Ta ce lallai yana da hujja. Doka ta ba alƙali ikon ɗaure mutum da irin wannan alƙawari, amma sai ya bincika gaskiyar rahoton, ya ji shaidu, ya kuma ba mutumin dama ya faɗi dalilin da zai sa kada a ɗaure shi. Tunda ba a yi haka ba, ana iya ɗaukaka ƙara zuwa babbar kotu. Sannan ta ajiye biro ta dube shi.

"Amma Baba, ka gane wani abu. Ko mun yi nasara, kotu ba za ta ce ba ka faɗi maganar ba. Cewa za ta yi ba a saurare ka ba. Tana iya mayar da shari'ar a sake ji daga farko, kuma a ranar duk wanda yake kan jingar nan ana iya kiransa ya faɗi abin da ya ji."

Ya ce ai abin da yake so ke nan, a kira kowa.

Shari'a ta ɗauki lokaci, yau a ɗaga, gobe a ce ba a gama buga bayanan ƙaramar kotu ba. Ruwa ya janye, aka shiga noman rani. Elisha ya shuka alkama, Ɗan'auta ya dasa tattasai, kunya ɗaya ce ta ƙasa a tsakaninsu. Kullum Ɗan'auta sai ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, barka da aiki." Elisha ya amsa a daƙile ba tare da ya ɗago ba. In aka tambaye shi sai ya ce kotu ce ta hana shi kusantar mutumin, alhali ba abin da kotu ta ce ke nan ba. Yana ban-ruwa yana tsara jawabin da zai yi, yana gyara shi, har ya iya shi kamar addu'a.

Ranar da babbar kotu za ta yanke hukunci ya sa babbar rigarsa ta zuwa biki. Mai shari'a bai ja magana ba. Ya ce an tauye wa mai ɗaukaka ƙara haƙƙin a saurare shi, ya rushe umarnin, ya mayar da maganar gaban wani majistare a bincika yadda doka ta tsara. Elisha ya fito yana taku ɗai-ɗai. A ranar ya bi gidajen dattawan coci da na 'yan kwamiti yana shaida musu cewa babbar kotu ta wanke shi, ya kuma roƙe su su zo zama na gaba su ji gaskiya da kunnensu. Har gidan shugaban kwamitin ya je, Alhaji Muhammadu, wani dattijo mai sayar da riɗi da suka yi shekaru suna sasanta mutane tare. Alhaji ya ce in Allah ya yarda zai zo.

Suka kuwa zo. Ɗakin kotun ya cika har wasu suna leƙe ta taga. Wannan karon alƙaliyar mace ce, babba, mai magana a hankali, kuma ba ta gaggawa. Aka fara kiran ɗan sandan da ya raba faɗan, ya faɗi maganar shebur da ta rami. Elisha ya saurara bai ji komai ba, wannan ya riga ya shirya amsarta. Sai aka kira Rilwanu. Ya yi rantsuwa, ya tsaya, bai dubi inda Elisha yake ba. Ya maimaita abin da ɗan sanda ya faɗa. Mai gabatar da ƙara ya tambaye shi ko akwai sauran abin da ya ji. Rilwanu ya ce akwai.

"Ya ce wa babana, 'Dama ku haka kuke. Shekara talatin ina zaune da ku, ban taɓa sakin jiki da ko ɗayanku ba.'"

Elisha ya buɗe baki zai ce ƙarya ne, sai maganar ta dawo masa, da muryarsa, da inda yake tsaye, da yadda fuskar Ɗan'auta ta yi a lokacin. Lallai ya faɗi maganar. Duk watannin nan bai tuna ba, ko kuwa ya tura ta wani lungu ya rufe. Rahoton farko bai kawo ta ba, ba kuma wanda ya taɓa maimaita masa ita, ko Samuel da yake wurin. Yana jin Alhaji Muhammadu a bayansa, yana jin dattawan cocin da shi da kansa ya bi gida-gida ya gayyato. Ya kafa ido a kan takalmansa.

Aka kira Ɗan'auta. Ya yi alwala ya dafa Alƙur'ani. Ga dukkan alamu ba da son ransa ya zo ba, sammaci ne ya kawo shi. Aka tambaye shi ko Elisha ya ɗaga masa shebur, ya ce ya ɗaga. Aka tambaye shi ko ya faɗi abin da Rilwanu ya ce, ya daɗe yana murza hularsa kafin ya ce ya faɗa. Alƙaliya ta tambaye shi su wa yake nufi da "ku".

"Ban tambaye shi ba, ranki ya daɗe."

Ta ce to yanzu yana tsoron mutumin nan zai yi masa wani abu, shi ko iyalinsa?

"A'a. Ko a ranar ban ji tsoronsa ba. Gonarsa ce ta tafi, duk wanda ya ga shinkafar nan ya san abin da ya rasa. Mun yi rani guda gona da gona, ko kallon banza bai yi min ba."

Barista Nuriyya ta sunkuyo ta raɗa wa Elisha cewa za ta yi wa shaidan tambayoyi a kan fartanyar da aka ce an gani, kamar yadda suka tsara. Ya girgiza kai. Ta sake tambaya, ya ce ta bar shi. Da aka zo kansa, aka ce ya faɗi dalilin da zai sa kada a ɗaure shi da alƙawari, ya miƙe yana dafa katako. Jawabin da ya yi wata da watanni yana gyarawa yana nan a kansa, daga farko har ƙarshe, amma bai ga ta inda zai fara shi ba. Ya ce abin da shaidu suka faɗa haka aka yi, ba shi da ƙari. Ya zauna.

Alƙaliya ta ce maganganun an yi su, kuma munana ne, musamman daga bakin dattijon da jama'a suke kai wa ƙara. Amma wannan doka ta rigakafi ce, kuma ga shi an daɗe ba abin da ya biyo baya, wanda aka yi wa barazanar ma ya ce ba ya tsoro, don haka ba ta ga buƙatar ɗaure kowa ba. Ta sallame shi. A lokacin shekarar da alƙalin farko ya yanka masa saura kaɗan ta cika.

A waje mutane suka rasa abin da za su ce. Wasu suka ce barka, a gajarce. Fasto ya dafa kafaɗarsa ya wuce. Alhaji Muhammadu ya ba shi hannu ya ce Allah ya kiyaye gaba, idonsa yana kan wata bishiya. Barista Nuriyya ta ce masa a takarda dai sun yi nasara, ya ce ya gode, Allah ya saka. Samuel ya goya shi zuwa gida. Jumai ba ta je kotun ba, amma labari ya riga shi isowa. Ta kawo masa ruwa ta zauna a gefe. Can ya tambaye ta ko ta san ya faɗi wannan maganar. Ta ce tun ranar aka gaya mata a wurin niƙa. Ya ce me ya hana ta gaya masa. Ta ce ta ɗauka ya sani.

A makon ya aika wa Alhaji Muhammadu cewa a cire sunansa daga kwamiti. Alhaji ya aiko cewa ba wanda ya kore shi, Elisha ya ce ya sani. A coci ma ya nemi a sauke shi daga dattawa, Fasto ya ƙi, suka rabu a kan zai huta na wani lokaci.

Zuwa gidan Ɗan'auta ne ya fi yi masa wuya. Ya shirya ya fasa ya fi a ƙirga, wata rana har ya kai bakin layin ya juyo. Ranar da ya samu ya yi sallama da hantsi ne. Ɗan'auta ya fito ya shimfiɗa masa tabarma a zaure, ya sa aka damo fura. Suka gaisa, suka tambayi iyali ɗaya bayan ɗaya, suka yi maganar tsadar taki da tsuntsayen jan-baki da aka ce sun sauka wajen garin Malam Madori. Furar tana gabansa bai taɓa ba. Da magana ta ƙare ya ce, "Auta, maganar nan da na yi..." sai Ɗan'auta ya tari numfashinsa.

"Ta wuce, Malam. Ni tun a kan jingar na yafe." Ɗan'auta ya dubi ƙofa. "Yaran ne dai suka ji da kunnensu. Sun tambaye ni ko dama haka kake ɗaukarmu, na ce a'a. Suka ce to daga ina maganar ta fito. Nan ne ban san abin da zan ce musu ba."

Elisha ma bai sani ba. Ya yi ta bincika kansa daga baya, ko tsoron da ya taso da shi ne tun daga gida, ko labaran da ake kawowa duk lokacin da aka yi rikici a can, ko kuwa baƙin ciki ne kawai ya ɗauko abin da ya fi kusa da hannu ya yi jifa da shi. Bai sami amsar da ta gamsar da shi ba, bai kuma ƙirƙiro wata ya kai musu ba.

Har yau ba a san ko hannu ne ya yanke jingar ko ruwa ne ya ci ta ba. A daminar nan ta ɓalle a wurare da yawa da ba wanda ya zargi kowa. Fadamar tana hannun Elisha, don da ya ce zai mayar, Ɗan'auta ya ce kyauta ba ta komawa. Gwiwa ta hana Ɗan'auta zuwa gona yanzu, Rilwanu ne yake noma nasu ɓangaren. Shi da Elisha suna haɗa injin ban-ruwa, suna gyaran jinga tare, maganarsu ba ta wuce ta aiki. Mutane sun ci gaba da kawo wa Elisha ƙorafinsu jefi-jefi, yakan saurara, amma ya rage baki ƙwarai, sau da yawa sai ya ce su je wurin Alhaji Muhammadu.

Duk Juma'a bayan an sauko daga masallaci yana zuwa zauren Ɗan'auta su zauna, wani lokaci su yi hira, wani lokaci su yi ta sauraron rediyo. In Rilwanu ya shigo, Elisha ne yake riga shi gaisuwa, har ya ɗan ɗaga daga zaune. Rilwanu ya amsa da ladabi ya wuce ciki. Jumai ta ce masa wannan bai dace ba, yaron da aka haifa a gabansa, mutane suna gani. Ya ce ta bar shi haka.